LSU ta 2019: gagarabadau ce ko wutar kara?

Kawu Baton Rouge: Assalamu alaikum jama'ar zaure. Daren jiya barci ya ƙi zuwa, sai na sake kunna wasan ƙarshen nan na LSU, wato jami'ar Jihar Louisiana, da Clemson, na 13 ga Janairun 2020, na kalle shi tun daga bugun farko har aka tashi. Ga maganata, mai musu ya fito: tun da ake buga ƙwallon Amurka a jami'o'i ba a taɓa haɗa ƙungiya kamar LSU ta kakar 2019 ba. Wasa 15, nasara 15. Maki 726. Ƙungiyoyi 7 da ke sahun goman farko ranar da aka haɗu da su, duk ta kwantar da su. Texas a gidanta, Alabama a gidanta, Florida, Auburn, Georgia, Oklahoma, Clemson. Wa ya taɓa bin irin wannan layin ya fita ba tabo?

Abu Hafsat: Wa alaikumus salam Kawu. An fara ke nan. Duk shekara da sanyi ya shigo sai ka tayar mana da wannan zancen. Ba na musun kakar ta yi kyau, ni ma ina da ido. Amma shekarar da ta biyo baya fa? Nasara 5, rashin nasara 5. Har gida mu 'yan Alabama muka same ku muka zuba muku 55 da 17. Kafin a cika shekara biyu da ɗaukar kofin an riga an sanar da rabuwa da kocin, Ed Orgeron. Wutar kara ke nan Kawu, ta tashi sama kowa ya gani, kafin a ɗora tukunya ta zama toka.

Ɗan Auta: Don Allah manya ku ɗan ja mu a jiki, mu da ke gida. Ni fa Arsenal na sani. Ƙungiyar jami'a kuma har ake wannan jayayya a kanta? A nan wasannin jami'o'i ko ɗaliban ba sa cika fili.

Dakta Atlanta: Ɗan Auta, cire hoton da ke kanka. Filin LSU a Baton Rouge yana ɗaukar mutum sama da 102,000, ya fi Wembley. Ranar Asabar ɗin wasa garin gaba ɗaya tsayawa yake yi. Wasan kuma a taƙaice: ana ba ƙungiya dama huɗu ta ci gaba da yadi 10, in ta yi sai a sake ba ta wasu huɗun. In ta kai ƙwallo ƙarshen fili ta ci, maki 6 ke nan, ga ƙarin 1 ko 2 a kai. Bugun tsakanin sanduna maki 3. Mai jefa ƙwallo shi ne kwatabak, shi ne madugu. A 2019 ƙungiyoyi 4 kawai ake zaɓa su buga sili-ɗaya-ƙwale, don haka faɗuwa ɗaya a tsakiyar kaka tana iya raba ka da kofi.

Ɗan Auta: Yadi dai irin na shadda?

Dakta Atlanta: Shi fa. Filin yadi 100 ne. Joe Burrow, kwatabak ɗin LSU, shi kaɗai ya jefa na yadi 5,671 a kakar, sai ka lissafa ɗinkin Sallah nawa ke nan.

Kawu Baton Rouge: Abu Hafsat, ka gauraya magana biyu. Ni ban ce LSU ta fi Alabama gida ba. Koci Nick Saban ya ci muku kofi 6, mu ma shi ya ci mana na 2003 kafin ya tafi, wannan ba abin jayayya ba ne. Ina maganar ƙungiya ɗaya ce a kaka ɗaya. Kuma kai ne shaida, don a gidanku aka yi. 9 ga Nuwamban 2019, Tuscaloosa, shugaban ƙasa na zaune a fili. Kun yi wasa 31 a jere ba wanda ya doke ku a gida. Kun doke mu sau 8 a jere, na bayan nan ma 29 da babu, a Baton Rouge, ina cikin filin, na koma mota ko magana ba na iya yi. Aka tafi hutun rabin lokaci muna da 33 kuna da 13. An tashi 46 da 41. Clyde Edwards-Helaire, ɗan guntun yaron nan ɗan garinmu, sau huɗu yana shiga gidanku, ƙattinku na rataye a jikinsa yana tafiya da su.

Abu Hafsat: Ka faɗi rabi ka bar rabi. Tua Tagovailoa, kwatabak ɗinmu, kwana 20 ke nan da yi masa aiki a idon sawu. Da ɗingishi ya buga, kuma duk da haka ya jefa yadi 418 da ci huɗu. A harin farko ma ƙwallo ce ta suɓuce masa a bakin gidanku ba wanda ya taɓa shi. Maki 5 ne tsakani Kawu. Ka ba ni Tua da ƙafa biyu mu sake lissafi.

Kawu Baton Rouge: Da a ce, ƙeya ce. Ku kuka sa shi a fili.

Baba Miami: Salamu alaikum. Na bar ku ku gama ne, don yara in suna gardama ba a katse su. Ni na zo ƙasar nan kafin a haifi Burrow. Duk wanda ya ce ba a taɓa yin kamar LSU ba, to bai ga Miami ta 2001 ba. Wasa 12, maki 117 kacal aka ci su duk kakar, in ka raba ko 10 bai kai ba a wasa ɗaya. LSU ɗinku an ci ta 328. Miami ta yi wa Syracuse 59 da babu, mako na gaba ta yi wa Washington 65 da 7, dukansu kuma suna cikin jerin manya a lokacin. A wasan ƙarshe Nebraska ta sha 37 da 14, kuma tun kafin hutu aka gama da ita. Masu gudu da ƙwallo: Clinton Portis a gaba, Willis McGahee da Frank Gore suna benci suna jira. Benci fa! Ed Reed a baya, Andre Johnson a gaba, Sean Taylor yaro ne sabon shiga. Mutum 17 daga wannan ƙungiyar aka ɗauka a zagayen farko na zaɓen 'yan wasa na NFL, babbar gasar ƙwararru. Ƙungiyar da Ole Miss ta zuba wa 37, ta yi gudun yadi 402 a kanta, ita ce za a ce ba kamarta? Haba Kawu.

Kawu Baton Rouge: Allah ya ƙara lafiya Baba. Maganar Ole Miss gaskiya ce, ranar ni ma raina ya ɓaci. Yaron nan Plumlee ya yi ta ratsa mu kamar ba mutane a gabansa. Amma 58 muka ci fa.

Baba Miami: To ai shi ne nake faɗa. In sai ka ci 58 hankalinka zai kwanta, akwai ɓaraka a katangarka.

Dakta Atlanta: Baba, ranka ya daɗe, zan ɗan saɓa maka da ladabi. Wasan 2001 da na 2019 ba ɗaya ba ne. A zamanin Miami ana taruwa a yi shawara kafin kowane hari, ana gudu da ƙwallo agogo na tafiya. A 2019 kowa ya baza masu cafe huɗu ko biyar, ba a tsayawa, ƙa'idoji kuma sun ƙara kare mai jifa da mai cafewa. Hare-hare sun yawaita, dole maki su yawaita a ɓangarorin biyu. Sannan LSU da kanta tana jawo wa 'yan bayanta wahala, don cikin minti biyu ta ci ta dawo da su fili ba su gama shan ruwa ba. Abin da ya kamata a duba shi ne ƙarshen kaka, lokacin da ɗan bayansu Grant Delpit ya warke daga ciwon ƙafa. Texas A&M maki 7. Georgia 10, a nan Atlanta, a gaban mutanenta, Derek Stingley yaro ɗan shekarar farko ya tare musu jifa biyu. Oklahoma mai Jalen Hurts da CeeDee Lamb 28, yawancinsu kuma bayan an gama wasan a zahiri. Trevor Lawrence na Clemson ya jefa 37, 18 kawai aka cafe, ko ci ɗaya bai yi da jifa ba. Kuma Baba kada mu manta, Miami ma ta sha da ƙyar a hannun Virginia Tech, 26 da 24. A Boston College kuwa sai da Ed Reed ya fizge ƙwallo daga hannun abokin wasansa ya ruga da ita kafin a samu sauƙi.

Baba Miami: Dakta, kin iya lissafi, ban musa ba. Amma Miami ta yi wasa 34 a jere ba faɗuwa, daga 2000 har Janairun 2003. Ba shekara ɗaya ba ce.

Maman Ihsan: Baba, wa ya tsayar da 34 ɗin? A tuna wa jama'a mana.

Baba Miami: Alƙalin wasa ne ya tsayar da ita 'yata, ba Ohio State ba. An gama wasa, an fara harba wutar murna, sannan ya tuna yana da tutar nuna laifi a aljihu. Kada ki tayar mini da hawan jini da safen nan.

Maman Ihsan: Allah ya huci zuciyar Baba. 31 da 24 dai aka rubuta. Ni abin da ya shigo da ni daban ne. Duk kuna ta LSU, LSU, alhali yaronmu ne ya yi aikin. Shekara uku Burrow yana nan Columbus, a Ohio State, yana zaman benci. A 2017 ya karya hannu, a bazarar 2018 aka ga Dwayne Haskins ne zai gaji wurin, shi kuma ya riga ya kammala digirinsa, sai ya tattara ya tafi. Ba na ganin laifin masu horarwarmu, Haskins ya ci 50 a shekarar. Amma Nebraska fa? Babansa ya buga mata, yayyensa biyu sun buga mata, yaron yana son zuwa, ba su neme shi ba. Ɗan hakin da ka raina.

Ɗan Auta: Anti, to in haka yake da kyau me ya sa ba a ji shi ba tun 2018?

Maman Ihsan: Tambayar ke nan. A 2018 ci 16 kawai ya yi da jifa. A 2019 ya yi 60, aka tare masa 6 tak, cikin kowane jifa 100 an cafe 76. Mutum ɗaya, hannu ɗaya.

Abu Hafsat: Yawwa, Hajiya ta kawo mu inda nake so. Me ya canza? Joe Brady. Yaro ne da bai wuce shekara 30 ba, ƙaramin ma'aikaci a New Orleans Saints, aka ɗauko shi ya zo da tsarin jifa irin na NFL. Kafin nan shekaru LSU tana da Odell Beckham da Jarvis Landry a fili ɗaya, tana ta tura ƙwallo ta tsakiya kamar mai huɗa da garma. Brady ya yi shekara ɗaya, ya karɓi kyautar mataimakin koci mafi fice, ya wuce Carolina. Dave Aranda mai kula da 'yan baya ya wuce Baylor. Burrow ya wuce Cincinnati. Aka bar Orgeron shi da muryarsa, sai ga Mississippi State ta zo wasan farko na 2020 ta jefa musu yadi 623. Shi dai tsuntsu ne ya faɗo masa daga sama gasasshe.

Kawu Baton Rouge: A nan ne zan tsaya da kai da gaske, don wannan maganar ta daɗe tana ci mini rai. Wa ya je ya ɗauko Burrow? Wa ya ɗauko Brady? Ed Orgeron mutum ne da ya taso a wasan ƙarfi, mai horar da ƙattin gaba ne, duk rayuwarsa abin da ya sani a ture mutum a wuce. A Ole Miss ya yi shekara uku, nasara 10, faɗuwa 25, aka kore shi. A USC ya riƙe ƙwarya ya ci 6 cikin 8, suka ƙi ba shi aikin. Ko a nan da aka tabbatar da shi a 2016 mutane da yawa dariya suka yi, wai ba a gane abin da yake faɗa. Mutumin Larose ne, can cikin fadamun kudancin Louisiana, Turancinsa na mutanen wurin ne, muryar kamar ana jan buhun tsakuwa. Irin wannan mutumin ya sha 29 da babu, ya zauna ya ce hanyar da na sani ba za ta kai ni ba, ya kira yaro sa'an ɗansa ya ba shi allo, ya kuma shawo kan Steve Ensminger, dattijo ɗan shekara 61 mai riƙe da ragamar hari, ya zauna kujera ɗaya da yaron ba kishi. Manyan mutane nawa ka sani da za su iya wannan? A wurin aikinka ma ka duba.

Kuma tsarin allo ba ya jefa ƙwallo. Ka tuna wasan Texas, mako na biyu. Saura minti biyu da 'yan kai, muna gaba da maki 6, dama ta uku, saura yadi 17. Kowace LSU ta baya gudu za ta yi da ƙwallo ta buga ta nesa ta koma addu'a. Suka ce a jefa. Texas ta turo mutane, Burrow ya kutsa gaba ƙafafunsa ba su ma daidaita ba, ya sake ta, Justin Jefferson ya cafe ya tafi yadi 61. A daren nan na ce wa uwargida wannan shekarar daban ce. Ta ce haka nake cewa kullum.

Abu Hafsat: Gaskiya ta faɗa.

Dakta Atlanta: Akwai hujjar da ke taimakon Kawu a nan. In Brady ne sirrin, me ya sa Carolina ta sallame shi tun kakarsa ta biyu ba ta ƙare ba? Ya farfaɗo daga baya a Buffalo, amma can ma Josh Allen ya tarar. Burrow kuwa a shekararsa ta biyu ya kai Cincinnati wasan Super Bowl, wato wasan ƙarshe na NFL, shi da Ja'Marr Chase ɗin dai, Rams ta tsira da 23 da 20. Jefferson ya zama abin da ya zama a Minnesota. Ni a ganina yaran ne. Chase yadi 1,780 da ci 20, Jefferson ya cafe 111 da ci 18, ga Terrace Marshall na uku wanda a wata ƙungiyar shi ne na ɗaya. In ka tsare biyu na ukun ya kashe ka. Auburn ce kaɗai ta samo dabara, ta cika baya da mutum bakwai ta bar Derrick Brown da 'yan uwansa su yi ta fama a gaba, aka tashi 23 da 20.

Ɗan Auta: To ni yanzu na gane. Leicester ce ta 2016. Ba wanda ya zata, suka ɗauki kofi, Kante ya tafi Chelsea, wata tara aka sallami Ranieri. Har Ahmed Musa ya je ya tarar an gama rabon.

Dakta Atlanta: Ta wajen koci kwatancen ya zauna, ta wajen ƙungiya bai zauna ba. Leicester talaka ce da ta shiga fada. LSU gidan sarauta ne, ta ci 1958, 2003, 2007, kuma a 2018 ma wasa 10 ta ci. Sannan a nan ba kuɗi ke raba ka da 'yan wasa ba, tsarin ne. Yaro in ya yi shekara uku da gama sakandare yana iya tafiya NFL. A zaɓen 2020 mutum 14 aka kwashe daga LSU, 5 a zagayen farko, Burrow na ɗaya gaba ɗaya. Chase ya ƙi buga 2020 saboda korona ya jira zaɓen gaba. Ka ɗauka an wayi gari Arsenal ɗinka ta 2004 ba Henry, ba Vieira, ba Pires, ba Campbell, ba Bergkamp, rana ɗaya.

Abu Hafsat: Mu ma duk shekara haka ake kwashe mana, Dakta, amma ba mu taɓa komawa 5 da 5 ba. Ku dubi 2020: wasa 13 nasara 13, 11 daga ciki da ƙungiyoyin SEC ne, rukunin da mu da LSU muke ciki, ba Georgia Southern, ba Northwestern State da za a huta a kansu. DeVonta Smith ya ɗauki Heisman, kyautar gwarzon ɗan wasan jami'o'i, Ohio State ta sha 52 da 24. Yi haƙuri Hajiya.

Maman Ihsan: Ba komai, rabinmu na kwance da korona ranar.

Kawu Baton Rouge: Kakar da filaye suke kusan wayam? Zuwa Tuscaloosa ko Austin mutum dubu ɗari na ihu a kanka ba ɗaya ba ne da zuwa ka tarar da kujeru.

Ɗan Nima: Salam ga manya. Ni daga Bronx nake bin ku shiru, amma akwai abin da ba wanda ya taɓo. Daren da aka ci kofin, a tsakiyar fili, kyamara na kallo, Odell Beckham ya zaro kuɗi yana danƙa wa yaran. Da fari aka ce kuɗin wasa ne, daga baya ta tabbata na gaske ne, dala 2,000, makarantar ta hana shi shiga harabar wasanninta shekara biyu. A makonnin nan aka sabunta wa koci kwantiragi na shekara 6 a kan dala miliyan 42, da aka zo rabuwa kuma aka biya shi kusan miliyan 17. Yaran da aka fasa wa haƙarƙari an ba su 'yan ɗaruruwa ya zama laifi. Kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi.

Baba Miami: Ai karatu kyauta suke yi ɗana, da abinci da ɗaki. Ka san nawa nake biya wa autata?

Ɗan Nima: Na sani Baba, Allah ya buɗa. Amma rigar Burrow mai lamba 9 nawa aka sayar a shekarar? Sisi bai shiga aljihunsa ba. Sai 1 ga Yulin 2021 aka halatta wa yaran cin kuɗi da sunansu. Da wata 18 kawai suka riga zamani.

Maman Ihsan: Maganar kuɗi ta tuna mini daren Heisman. Burrow ya ci da ratar da ba a taɓa gani ba, mutum 841 suka sa shi na ɗaya. Ya hau mumbari yana kuka, sai ya kawo zancen yankinsu, Athens a kudu maso gabashin Ohio, ya ce akwai yaran da ke komawa gida daga makaranta ba abinci a kan tebur. Ni na san yankin, ba ya kai tafiyar awa biyu daga nan, tsofaffin garuruwan haƙar kwal ne da aikin ya mutu. Cikin 'yan makonni mutane suka tara wa rumbun abincin gundumar sama da dala rabin miliyan, da yawansu 'yan Louisiana da ba su taɓa taka Ohio ba. Na tura wa ƙanwata a Gusau bidiyon, ta ce ita ba ta yarda akwai Bature mai kwana da yunwa ba.

Kawu Baton Rouge: Hajiya, shi ya sa mutanen nan suka riƙe shi kamar ɗansu. A wasansa na ƙarshe a gida ya fito da riga an rubuta sunansa Burreaux, irin rubutun Faransancin mutanen Louisiana, filin ya kusa tsagewa. Texas A&M ce ta biya kuɗin, 50 da 7, ramuwar 74 da 72 da suka yi mana a 2018 bayan ƙarin lokaci har bakwai.

Wani abin kuma da ba na mantawa, ranar wasan Oklahoma, 28 ga Disamba. Da safe ƙaramin jirgi ya faɗi a Lafayette da mutanen da ke kan hanyar zuwa kallon wasan, cikin mamatan har da matar ɗan Ensminger, 'yar jarida ce ta wasanni. Dattijon nan ya ji labari, ya share hawaye ya hau sama ya zauna a kujerarsa. Kafin hutun rabin lokaci Burrow ya ci 7 da jifa, huɗu a hannun Jefferson, 49 da 14. Wasan kusa da na ƙarshe fa. Ban san yadda mutum ke iya aiki a irin wannan ranar ba.

Dakta Atlanta: A nan garin aka yi. An tashi 63 da 28, kuma da sun so da sun kai 80.

Ɗan Auta: To wasan ƙarshen fa da Kawu ya kwana kallo? Ni lokacin ina jin wani maƙwabcinmu da ya yi karatu a can yana ihu cikin dare, ƙarfe biyu aka fara a agogonmu, har aka kira assalatu ba a tashi ba. Mun zaci ɓarayi ne.

Kawu Baton Rouge: Ka gaishe shi, ɗan'uwa ne. Clemson ce mai riƙe da kofi, wasa 29 a jere ba ta faɗi ba, Lawrence bai taɓa faɗuwa ba tun da ya fara jagorantar ta. Suka matse mu a bakin gidanmu, suka wuce gaba 17 da 7, duk kakar ba a taɓa ba mu rata irin wannan ba. Kuma a Superdome ne, ɗakin da Alabama ta yi mana 21 da babu a Janairun 2012, ranar da sau ɗaya tak muka tsallaka tsakiyar fili. Kwatabak ɗinmu a wancan daren Jordan Jefferson ne, yayan Justin uwa ɗaya uba ɗaya. Ina zaune ina cewa shi ke nan, tarihi zai maimaita. Sai Clemson ta ci gaba da barin Chase da mutum ɗaya. Yadi 221 ya yi musu. Daf da hutu, dama ta uku saura yadi 10, ba mu da sauran damar tsayar da agogo, Burrow ya riƙe ƙwallo ya ruga da kansa har kusa da gida, sannan ya jefa wa Thaddeus Moss, ɗan Randy Moss, aka dake shi a haƙarƙari yana sakin ta. 28 da 17. Sun matso 28 da 25, daga nan ba su ƙara ko ɗaya ba. 42 da 25.

Abu Hafsat: An kori Skalski na Clemson a zango na uku, shi ne ƙashin bayan tsaronsu.

Kawu Baton Rouge: Kai dai kowane wasa sai ka samo mana gurgu ko korarre.

Baba Miami: Zan ba ka abu ɗaya Kawu, ɗaya tak. Ban taɓa ganin kwatabak ya yi kaka irin ta yaron nan ba, Ken Dorsey ɗinmu ko kusa. Hari naku ne. Amma a haɗa su fili ɗaya, Ed Reed na baya, ba za a cafe masa 76 cikin 100 ba. Kuma in ana maganar fin ƙarfi zalla, ku nemi Nebraska ta 1995, ba wanda ya matso ta da ƙasa da maki 14, Florida ta sha 62 da 24 a wasan kofi. Na faɗa ne duk da ba na ƙaunarsu.

Dakta Atlanta: Tarihin ci 60 ɗin ma bai daɗe ba, Bailey Zappe na Western Kentucky ya yi 62 a 2021, sai dai ba da irin waɗannan abokan karawar ba. Abin da ya fi ba ni amsa shi ne 2023. LSU ta sake samun mai Heisman, Jayden Daniels, da Malik Nabers da Brian Thomas, harin ya fi na kowa a ƙasar, amma ta faɗi sau uku don bayanta a buɗe yake. Ole Miss ta zuba mata 55. Wato 'yan bayan 2019 da Baba ke rainawa su ne bambancin kofi da babu.

Abu Hafsat: Ɗaya daga cikin ukun nan mu ne, a rubuta. 42 da 28.

Sarkin Zaure: Jama'a saƙo ya haura ɗari, masu aikin dare suna ƙorafin waya na ta ƙara. Ku ɗan sassauta.

Kawu Baton Rouge: Tuba muke ranka ya daɗe. Abu Hafsat, Nuwamba in Allah ya kai mu ka taho da Hafsat da mamanta, masauki na wuyana, uwargida za ta yi mana tuwon shinkafa da miyar kuɓewa, kuɓewar garin nan har ta fi ta gida yauƙi. Sharaɗi ɗaya, jar rigar nan taka a mota za ta kwana.

Abu Hafsat: Da ita zan yi sallar Juma'a a masallacinku. A ajiye mini ƙafar kaza.

Ɗan Auta: Kawu, in akwai inda ake samun cikakken wasan Alabama ɗin a turo mini, amma mara nauyi, datata saura kaɗan.